Zan je birnin Meziko: in biya ɗan jagora ya zagaya da ni cin abincin titi?

Tambaya: Ina fataucin zoɓo, daga kasuwannin Jigawa nake tarawa in tura waje. Masu sayen kayana sun gayyace ni birnin Meziko, zan yi kwana biyar. Cikin tsarin da suka turo mini har da wani zagaye da ake yi a ƙafa, ɗan jagora ya bi da mutum kasuwa-kasuwa ana ɗanɗana abincin gari. Kuɗin da yawa. Ya cancanci a biya? Kuma ni Musulmi, me zan iya ci a irin wannan yawo?

Amsa:

Alhaji, Allah ya kai ka lafiya ya dawo da kai lafiya. Ka biya, amma sau ɗaya, a rana ta farko ko ta biyu, kuma ka zaɓi zagayen safe da ke shiga kasuwa. Na dare, wanda ake bin masu gashin nama ana haɗawa da shaye-shaye, bar wa masu shi.

Ni aikin masara ne ya kai ni ƙasar. Na zauna a Texcoco, gabas da babban birnin, inda cibiyar binciken masara da alkama ta duniya, CIMMYT, take, kuma kusan kowane ƙarshen mako ina cikin birni ina yawon kasuwa. Bayan na saba, duk baƙon da ya zo daga gida ni ake haɗa shi da shi. Don haka na bi 'yan jagora na kuɗi, ni ma na yi jagorancin kyauta, na ga inda kuɗin ke da amfani da inda asara ce.

In ka lissafa abincin da za ka ci a zagayen, da kanka za ka saye shi da ɗan abin da bai taka kara ya karya ba. Abin da kake saya shi ne idon mutumin da bakinsa. Ido, domin ya san rumfar da ke dafa sabo kowace rana. Baki, domin a abincin Meziko abin da ya fi damun Musulmi ba ya fitowa fili, yana cikin tukunya, sai an tambaya da Sifaniyanci, kuma sai mai tambayar ya san abin da zai tambaya.

Abin da nake nufi shi ne kitsen alade. Sunansa manteca. Ka haddace wannan kalma kafin ka haddace gaisuwa. Naman alade kansa ba shi da wuyar kaucewa, ana ganinsa, kuma sunayensa sanannu ne: cerdo ko puerco, carnitas wanda ake dafawa cikin kitsensa a babban kasko, chicharrón wato soyayyar fatarsa, chorizo da longaniza masu kama da jan hanji, tocino, jamón, da cochinita pibil na yankin Yucatán. Kitsen kuwa yana shiga wuraren da ba za ka taɓa zato ba. Watannina na farko kullum da safe ina sayen tamal a bakin tasha wurin wata dattijuwa. Abu ne kamar alalar masara, a naɗe cikin ɓawon masara a turara. Nakan zaɓi mai barkono da cuku, ina ganin na tsira tunda babu nama. Sai wata rana wani abokin aiki ya tambaye ni ko na san abin da ke sa ƙullun ya yi laushi haka. Da kitse ake bugun ƙullun tamal, haka girkin yake tun kaka da kakanni. Matar ba ta yaudare ni ba, na tambaye ta nama ta ce babu, kuma gaskiya ta faɗa. A wurinsu kitse ba nama ba ne, kamar yadda mu ba ma kiran man shanu nama.

Haka waken da ake dafawa a dame a soya, frijoles refritos, sau da yawa da kitsen ake soya shi. Haka miyar mole a gidaje da yawa. Haka tlayuda, faffaɗar gurasar masara ta mutanen Oaxaca, da ake shafa mata gyauron kitse mai suna asiento kafin a ɗora komai. Har wanda yake naman sa ne tsantsa, irin suadero, in ka leƙa kaskon za ka ga shi da longaniza suna iyo cikin mai ɗaya. Akwai kuma tarkon suna: cecina busasshen naman sa ne da aka yanka fale-fale kamar za a yi kilishi, amma in aka ce cecina enchilada, mai jan yaji, to ta alade ce.

Saboda haka tun kafin ka biya, ka rubuta wa masu zagayen. Kada ka ce kawai ba ka cin alade. Ka ce ba ka cin alade, ba ka cin kitsensa, ba ka cin abin da aka soya a kasko ɗaya da shi, ba ka shan giya ko abin da aka zuba masa ita. Amsar da suka ba ka ita ce jarrabawarsu. Wanda ya ce "ba matsala" ya yi shiru, bai fahimta ba. Wanda ya dawo maka da jerin tsayawar da za a yi, ya ce ta uku da ta biyar za a canza maka, wannan ya san aikinsa. In aljihu ya yarda, ka ɗauki zagaye na kai kaɗai ko kai da abokan tafiyarka. A zagayen gayya, inda aka haɗa mutum takwas ko goma daga ƙasashe daban-daban, ba za a sauya hanya dominka ba, za ka tsaya riƙe da kwalbar ruwa kana kallon wasu suna ci. Wata dabara da na ga tana aiki ita ce neman zagayen masu ƙin cin nama gaba ɗaya. Akwai su a birnin, musamman a unguwannin Roma da Condesa, kuma 'yan jagoransu sun riga sun binciki kowace tukunya game da kitse.

Batun yanka kuwa, ga yadda abin yake. Ƙidayar 2020 ta ba ƙasar mutum miliyan 126, Musulmi a ciki ba su kai dubu goma ba, mafi yawan jama'a Katolika ne. Naman rumfunan titi daga mahautan gari yake fitowa, ba yankan Musulmi ba ne. Malamai sun yi magana a kan yankan Ahlul Kitabi kuma sun saɓa a kan irin yankan mayanka na zamani, sai ka yanke shawara da malaminka tun kana gida, kada ka bari sai ƙamshi ya bugi hancinka. Akwai wurin sallar Juma'a a unguwar Anzures, kusa da Polanco, a can 'yan'uwa za su nuna maka inda suke sayen nama. A Polanco ɗin kuma akwai Yahudawa da gidajen abincinsu, waɗanda alade ba ya shiga ko kusa.

To in ka cire duk wannan me ya rage? Mafi daɗin abincin ƙasar ne ya rage, a ganina, domin gindin girkinsu masara ce da wake da barkono da kabewa. Alade baƙo ne, Turawan Sifaniya suka kawo shi, bayan sun ci birnin Aztek na Tenochtitlan a 1521, wanda a kan kufansa birnin Meziko yake zaune yau. Masara kuwa a ƙasar aka fara nomanta, shekara wajen dubu tara da suka wuce, daga wata ciyawa mai suna teosinte. Mu da muke ce mata masara, don ta hanyar Masar muka ji labarinta, can za ka je gidan iyayenta.

Ɗan jagoran kirki da wurin niƙa yake farawa, kuma in naka bai sa shi a tsari ba, ka roƙa. Abin da za ka gani ya bambanta da namu. Mu muna surfa masara mu cire dusa, mu wanke, mu shanya, mu niƙa gari. Su suna tafasa tsabar ne da ruwan farar ƙasa da suke kira cal, wasu ƙauyuka da toka, su bar ta ta kwana a ciki, da safe su wanke su markaɗa ta da danshinta ta zama ƙullu mai kama jiki. Wannan dafaffiyar masara ita ce nixtamal, ƙullun kuma masa. Kar sunan ya ruɗe ka, ba masarmu ta tanda ba ce, ko da yake duk Bahaushen da na kai sai ya yi dariya a nan. Amfanin farar ƙasar uku ne: tana saɓule fatar tsaba, tana sa ƙullu ya haɗu har a iya fyaɗa shi siriri bai karye ba, sannan tana sakin sinadarin niyasin da ke ɗaure a cikin masara wanda jiki ba ya iya ɗauka in ba haka ba. Da masara ta bazu duniya, dabarar ba ta bi ta ba, shi ya sa ciwon pelagra, mai ɓata fata da kawo zawo, ya addabi talakawan da suka dogara da ita a Italiya da jihohin kudancin ƙasar Amurka da sassan Afirka, alhali a gidanta ba a san shi sosai ba. Uwayenmu da ke jefa kanwa ko ruwan toka a tukunyar wake za su gane hikimar nan da kallo ɗaya.

Daga wannan ƙullu ake yin tortilla, 'yar siririyar gurasa mai faɗin tafin hannu, wadda ake gasawa a busasshen faifan ƙarfe ko na yumɓu mai suna comal. Ba mai, ba kitse, masara ce da ruwa. Ka karɓi ɗaya da zafinta, ka barbaɗa gishiri, ka naɗe ka ci. Galibin abin da ake kira taco wannan ce aka ɗora wa wani abu.

Abin da zan ce lallai ka ci shi ne tlacoyo. Za ka ga mata zaune bakin kasuwa gaban comal, suna murza ƙullun shuɗiyar masara su yi shi dogo kamar kwale-kwale, a cusa masa wake ko farin cuku mai laushi, a gasa, a ɗora yankakken nopal da albasa da miyar barkono. Nopal ganyen murtsunguwa ne da aka kankare ƙayarsa, yana da ɗan tsami da yauƙi kamar kuɓewa. Ka sa ɗan jagora ya tambayi abin da aka cusa, don akwai mai fatar alade, kuma ya tambaya ko waken ya ga kitse. A wurin matan nan kuma ake samun quesadilla, ƙullun da aka ninke biyu da abu a tsakiya. Ka nemi ta furen kabewa, sannan ka nemi ta huitlacoche. Wannan na biyun, Alhaji, burtuntuna ce. Cutar nan da ke kumbura zangarniya ta yi baƙi, wadda manominmu ke karyewa ya yar yana salati, su tsinko ta suke tun tana ɗanya su soya da albasa, kuma ta fi lafiyayyar masara tsada. Ranar da na fara ci, a matsayina na wanda ya yi karatun yaƙi da ita, sai da na daɗe ina kallon farantin. Ɗanɗanonta kamar na laimar kwaɗi ne da ɗan zaƙin masara. Wani abin dariya na mutanen babban birnin: quesadilla daga kalmar cuku sunanta ya fito a ganin sauran 'yan ƙasar, amma a birnin in ba ka ce con queso ba, ba lallai a sa maka cukun ba. Sun daɗe suna wannan gardama da sauran jihohi, kamar tamu ta wa ya fi iya tuwo.

Da yamma akwai esquites, ɓararriyar masara da aka dafa da ganyen epazote, a zuba a kofi da lemon tsami da barkono da cuku. Akwai 'ya'yan itace a yanke, mangwaro da gwanda da abarba, su ma da barkono da lemon tsami. Mutanen nan ko alewar yara sai sun sa mata yaji. In kana cin kifi da jatan lande, kasuwar Coyoacán ta shahara da tostada, wato tortilla da aka soya ta yi ƙarau aka tula mata kaya. Soyayyen kifi mai rigar fulawa dai ka tambaya, don wasu da giya suke kwaɓa fulawar.

Za a kai ka wurin masu fara, wannan ba makawa, domin da ita 'yan jagora ke tsorata Turawa. A kasuwar San Juan za ka gan ta tuli-tuli, ja, an soya da tafarnuwa da gishiri da lemon tsami, suna ce mata chapulines. Na taɓa kai wani ɗan Maiduguri, ɗan jagoran wata tawaga yana ta lallashin baƙinsa su ɗanɗana ƙwaya ɗaya, shi kuwa ya sayi cikin leda yana watsawa baki yana cewa yajin bai ji ba. Tasu ƙanana ce, ba ta kai tamu tsoka ba. Kusa da ita za ka ga ƙwan tururuwa da tsutsar itacen maguey, waɗannan na bar wa masu sha'awa.

In ka yanke cewa za ka ci naman gari, to abin nema shi ne barbacoa, kuma Asabar da Lahadi da safe ake samunta. Rago ne ake naɗewa cikin ganyen maguey, a binne a rami mai garwashi ya kwana, a ajiye tukunya a ƙarƙashinsa tana tarar romon da ke ɗiga. Jihar Hidalgo ce gidanta, Texcoco ma an san ta da ita. Naman yana saɓulewa daga ƙashi, romon kuma ko farfesun gidan biki albarka. A kula da miya ɗaya da ake ajiyewa gefenta, salsa borracha, ma'anar sunan ma "miya mashayiya", da giyar pulque ake haɗa ta. Shi kuwa taco al pastor, wanda hotonsa ke kan kowace takardar talla, kallo kawai za ka yi. Za ka gane shi nan take, shawarma ce a tsaye tana juyawa gaban wuta da abarba a samanta. 'Yan Labanan da suka yi ƙaura zuwa ƙasar a farkon ƙarni na 20 ne suka kawo salon, dangin waɗanda suka bar mana sunan Kantin Kwari a Kano. Da rago suka zo da shi, 'yan gari suka mai da shi alade.

Game da barkono kada ka yi alfahari. Mun saba da yaji, gaskiya ne, kuma yawancin miyarsu ba za ta girgiza ka ba. Amma habanero ɗan'uwan attaruhu ne, kuma launi ba ya nuna zafi, wata koriyar ta fi ja ciwo. Ka ɗiga kaɗan a bayan hannu ka lasa, haka su ma suke yi. In mai rumfa ya ce ba ta da yaji, tana da shi. A rumfar busasshen barkono ka ɗan daɗe, nan ne ilimin girkinsu yake: barkono ɗaya sunansa daban in ɗanye ne, daban in ya bushe. Jalapeño in aka ƙyafe shi ya zama chipotle, poblano in ya bushe ya zama ancho, mai zaƙi kamar dabino. Da irin waɗannan, da riɗi da gyaɗa da kirfa da ɗan cakulan da wasu kayan da kan haura ashirin, ake haɗa mole na Puebla. A 2010 hukumar UNESCO ta sa girkin gargajiyar Meziko cikin kayan gadon 'yan Adam, kuma a rumfar nan za ka ga dalili.

Abin sha ba zai ba ka wahala ba. Da safe atole, kunun masara ne, in an sa cakulan ya zama champurrado. Da rana za ka ga manyan kwalabe jere: na ruwan tsamiya, da wani fari mai suna horchata, na shinkafa da kirfa, wanda asalinsa a Sifaniya da aya ake yi, kunun aya sak. Waɗanda za ka ce a'a su ne pulque, mezcal, tequila da michelada, har da tepache na ɓawon abarba, don tsime ne. Ruwan famfo ba a sha, na kwalba za ka riƙe.

Jikinka ma ka yi masa tanadi. Birnin yana kan tudu mai tsayin mita 2,240, kusan ninki biyu na Jos, ranar farko numfashi kan yi sama-sama kuma ciki kan yi nauyi. Zagayen yakan ɗauki awa uku zuwa huɗu ana tafe ana tsayawa, sai takalmi mai daɗi. Kada ka karya kafin ka fita, kuma kada ka cinye duk abin da aka miƙo a tsayawar farko, don akwai shida ko bakwai a gaba. In tsakanin Yuni da Oktoba za ka je, ruwa yakan sauko da la'asar, wani dalilin ke nan na zaɓar safe. Ka riƙe canjin peso ƙanana, masu rumfa ba sa son babbar takarda, kuma ana ba ɗan jagora ɗan ihsani a ƙarshe, kashi goma zuwa sha biyar cikin ɗari. Ka lura da yadda yake zaɓar rumfa, don gobe kai kaɗai za ka fita: inda 'yan gari suka yi layi, inda ake dafawa a gabanka, inda mai karɓar kuɗi daban mai taɓa abinci daban ko kuma ya sa leda a hannu. Kalmomi huɗu za su ishe ka: sin cerdo, ban da alade; sin manteca, ban da kitse; ¿pica?, da yaji?; da provecho, abin da ake ce wa mai ci, kamar mu ce a ci lafiya. In ka nemi zaƙi, gidan El Moro suna soya churros, wani dogon soyayyen ƙullun fulawa, tun 1935, ana tsomawa a cakulan mai zafi.

Akwai abu ɗaya da zan roƙa maka wanda ba ya cikin tsarin kowa. Ka ce wa ɗan jagora ya kai ka kasuwar La Merced, ita ce babbar kasuwar gargajiya ta tsakiyar birni, jirgin ƙasa na cikin gari ma a cikinta yake sauke mutane. Cunkoso ce irin ta Kurmi ana gobe salla, kada ka shiga kai kaɗai karon farko, waya da walat su koma aljihun gaba. Ka ce ya kai ka layin masu busassun kaya. Cikin manyan kwalaben abin sha da na ambata na ɓoye maka ɗaya, mai ja, wadda ba gidan abincin da za ka shiga ka rasa ta. Sunanta agua de jamaica, zoɓo ne, ba citta ba kanumfari, ruwa da sukari kawai. Suna noma shi, musamman a jihar Guerrero, amma abin da suke sha ya fi ƙarfin gonakinsu, shi ya sa suke sayowa daga Najeriya da Sudan. A layin nan za ka ga buhuna a buɗe, na gida daban na waje daban, kowanne da farashinsa a kan kwali, kuma na gida ya fi tsada. Ka ɗebo na gidan ka murza, ka shinshina, ka dubi tsabtarsa da yadda aka busar da shi, ka sa ɗan jagora ya tambayi mai rumfar me ya sa mata suke biyan ƙari a kansa. Ka rubuta kuɗin kilo na kowanne kafin ka je ka zauna da masu sayen kayanka.